Ruwan dutse da samarin dutse: hira kan gundumar Bageshwar

Hauwa: Assalamu alaikum masu sauraro, barkanmu da sake haɗuwa. Ni ce Hauwa, ga Malam Isa a gefena da kofin shayinsa, ga kuma Nura, wanda yau shi zai sha tambaya. Malam, barka da yamma.

Malam Isa: Barka kadai, Hauwa. Nura, ka shirya?

Nura: Allah ya gafarta Malam, wa ya isa ya ce ya shirya wa tambayar Yaya Hauwa?

Hauwa: Ai kai ka jawo wa kanka. Makon jiya bayan mun kashe na'ura ka ce lokacin da kake karatu a Indiya ka je wani ƙauye ka kwana uku, maza majiya ƙarfi biyu kacal ka gani. Na ce ƙarya kake yi, ka rantse. To yau ka maimaita a gaban jama'a.

Nura: Wallahi haka aka yi. Direban motar da ya kai mu, sai malamin makarantar firamare, shi ma baƙo ne, turo shi aka yi. Sauran duk tsofaffi ne da mata da yara. Ƙauyen su wani abokin karatuna ne, a gundumar Bageshwar, cikin tsaunukan Himalaya.

Hauwa: Tsaya. Malam, ɗora mu a kan taswira tukuna, don ni Indiyar da na sani ita ce ta zafi da cunkoso.

Malam Isa: To ki bar wannan Indiyar a baya, ki nufi arewa. Akwai jiha mai suna Uttarakhand, Tibet na arewa da ita, Nepal na gabas. A da ɓangare ce ta jihar Uttar Pradesh, sai ranar 9 ga Nuwamba 2000 aka yanke ta. Da farko ma Uttaranchal aka sa mata, a 2007 aka sauya sunan. Gundumominta 13, an kasa su lardi biyu: Garhwal a yamma, Kumaon a gabas. Kumaon na da gundumomi shida, Bageshwar na cikinsu. Ita ma jaririya ce, a watan Satumba 1997 aka cire ta daga Almora, lokacin Mayawati na shugabantar gwamnatin Uttar Pradesh.

Hauwa: Girmanta fa?

Malam Isa: Faɗin ƙasarta ya ɗan haura murabba'in kilomita 2,200. Mutanenta a ƙidayar 2011 su 259,898. Ƙaramar Hukumar Dala kaɗai ta fi ta jama'a tun a ƙidayarmu ta 2006.

Hauwa: Gunduma sukutum?

Malam Isa: Sukutum. Kuma kar faɗin ya ruɗe ki. Taswira a kwance take auna ƙasa, ita kuwa wannan ƙasa a tsaye take. Garin Bageshwar kansa na cikin kwari, kimanin mita 1,000 sama da teku. Ki yi arewa, kina nan cikin gundumar, sai ki kai ga ƙanƙarar Pindari da ba ta narkewa gaba ɗaya, da ƙololuwar Nanda Kot mai mita 6,861 a bakin iyaka. Wato a gunduma ɗaya akwai inda ake shuka shinkafa da ayaba, akwai inda ko ciyawa ba ta fitowa.

Nura: Malam, wannan maganar ta tsaye da kwance na ji ta a gwiwata. Can ba a tambayar kilomita nawa ne, sai dai awa nawa. Jirgin ƙasa ya sauke mu a Kathgodam, nan layin dogo ya ƙare, a gindin duwatsu. Daga nan zuwa Bageshwar bai kai kilomita 200 ba, amma mun yi wajen awa shida a cikin jif, muna ta kwana kamar macijin da aka taka. Ni da nake cika bakin ba na amai a mota, sau biyu aka tsaya mini.

Hauwa: Ashe jarumin namu ya sha kashi.

Nura: Bari kawai. Da muka isa inda mota ke tsayawa, abokina ya nuna mini gidansu da yatsa, ga shi can tsallaken kwari, har ina hango tufafin da aka shanya. Na ce ai mun iso. Ya yi dariya. Awa biyu muka yi: mu gangara har bakin rafi, mu haye gada, mu sake hawa. Wata tsohuwa ɗauke da damin ciyawa da ya fi ta girma ta wuce ni a hawan, har ta juyo ta tambayi abokina ko baƙon ba shi da lafiya.

Malam Isa: Ka ga kuwa a nan mulkin wurin yake. Duk abin da za mu faɗa kan ofis da hukuma, ku riƙa tuna waccan awa biyun.

Hauwa: Kafin mu kai ofis, sunan garin. Yana da ma'ana?

Nura: Yana da ita. A harshensu “bagh” shi ne babban damisan nan mai zane. Akwai tsohon wurin bautar Hindu da ake kira Bagnath a daidai mahaɗar koguna biyu, Saryu da Gomti, kuma a labarin da suke bayarwa abin bautarsu Shiva ya taɓa bayyana a wurin a siffar wannan dabba. Garin ya taso ne a kewaye da mahaɗar. Nan suke ƙona gawarwakinsu, nan kuma ake babbar kasuwar shekara da suke kira Uttarayani, a tsakiyar Janairu.

Malam Isa: Kasuwar nan ita ta yi garin. Kafin a rufe iyaka, fataken Bhotiya na saukowa daga kan iyakar Tibet da gishiri da ulu da barguna, a kan tumaki da awaki, su yi musaya da hatsi da mazarƙwaila. Yaƙin Indiya da Sin na 1962 ya kashe wannan fatauci. Kasuwar na ci har yau, amma kayan yanzu daga ƙasa suke hawowa. Kuma a wannan kasuwa aka yi abin da ya sa sunan Bageshwar ya shiga tarihin Indiya.

Hauwa: To, Malam ya gyara zama.

Malam Isa: Ai dole. Turawan Ingila sun karɓi Kumaon a 1815 daga hannun Gorkhawan Nepal, waɗanda su ma ƙwacewa suka yi daga sarakunan Chand a 1790. Ƙasa ce da babu hanyar keken doki. Idan Bature zai fita rangadi ko farauta, wa zai ɗauki tantinsa da akwatunansa da bahon wankansa? Sai aka ɗora wa ƙauyuka. Kowane mai gari na da littafi mai sunayen magidanta, idan layi ya zo kanka ka bar gonarka ka yi dako, sau da yawa ba ko sisi. Har abinci da madara da itace ƙauye ne zai bayar. Suna kiransa “kuli begar”.

Hauwa: Aikin tilas kenan, irin wanda kakanninmu suka sha.

Malam Isa: Gida ɗaya suka fito. Kar ki manta shi kansa Gwamna Lugga a Madras ta Indiya aka haife shi, kuma a Indiya ya yi aikin soja kafin ya zo mana. To a Janairun 1921, ranar kasuwar Uttarayani, dubban mutane suka taru a bakin kogi. Jagororinsu su ne Badri Datt Pandey, editan jarida daga Almora, da lauya Hargovind Pant. Hukuma ta hana taro, ba su watse ba. Suka yi rantsuwa da ruwan kogin cewa sun daina dako. Masu gari suka fito da littattafan sunayen nan suka watsa su cikin Saryu.

Nura: An nuna mini wurin, Malam. Fili ne kawai na yashi da duwatsu, da ba a gaya maka ba sai ka wuce.

Malam Isa: Abin da ke burge ni, ba gidan Bature suka ƙona ba, littafi suka jefa a ruwa. Sun gane cewa ƙarfin hukuma a kansu jerin sunaye ne. Ba a harba harsashi ba, kuma tsarin ya mutu daga nan. Gandhi da kansa ya zo yankin a 1929, ya zauna a Kausani, wadda yau take cikin wannan gunduma.

Hauwa: To yau wa ke riƙe da littafin? Wa ke mulki?

Malam Isa: A saman gunduma akwai jami'in da suke kira majistaren gunduma. Ba zaɓensa ake yi ba, ma'aikacin gwamnati ne da ake turowa, a ɗauke shi bayan shekara biyu ko uku, wani lokacin ma bai kai ba. Idan kina neman kwatankwacinsa, Di'o ne na zamanin Turawa, mu muka watsar, su suka riƙe. Haraji, filaye, zaman lafiya, zaɓe, agajin gaggawa, duk teburinsa suke bi. Ƙarƙashinsa hanya ta rabu biyu. Ta fannin filaye da haraji akwai yankunan da ake kira “tehsil”, irin su Kanda da Kapkot da Garur. Ta fannin ayyukan raya karkara kuma an kasa gundumar uku: Bageshwar, Garur da Kapkot. Sannan ga majalisun da ake zaɓa, hawa uku, ta ƙauye, ta yanki, ta gunduma. Gyaran tsarin mulki na 73 da aka yi a 1992 ne ya kafa su da ƙarfi, kuma a Uttarakhand rabin kujerun na mata ne.

Hauwa: Rabi? Ni fa na fara son wurin nan.

Nura: Kar ki yi saurin so, Yaya Hauwa. Suna da wata kalma, “pradhan pati”, wato mijin shugaba. Sunan matar ne a takarda, mijin ne ke zuwa taro da hatimi a aljihu. Amma gaskiya a ƙauyen da na je ba haka ba ne, saboda mijin shugabar yana Delhi yana aiki a otal. Dole ita ke yin komai, kuma na ga tana yi wa wani ɗan kwangilar famfo faɗa kamar za ta cinye shi.

Hauwa: Wato sai miji ya yi nisa mace ke samun kujerarta.

Malam Isa: Ni ban faɗa ba, kar a kai ƙarata gida. Amma bari in ba ku abin da ya fi ba ni mamaki a tsarinsu. A yawancin ƙauyukan dutse, shekara da shekaru babu ɗan sanda. Malamin filaye, wanda suke kira “patwari”, mai auna gona da rubuta haraji, shi ne ɗan sandan. Shi zai karɓi ƙara, ya yi bincike, ya kama mutum, ko da kisan kai ne. Tun 1861 Turawa suka tsara haka, don sun ga laifi ya yi ƙaranci kuma ofishin 'yan sanda a kan kowane tsauni asarar kuɗi ne.

Hauwa: Da me zai kama ɓarawo, da biro?

Nura: Da sanda da lema. Na ga ɗaya, jakarsa cike da takardu.

Malam Isa: Muddin kowa ya san kowa, abin ya yi aiki. Da hanyoyi suka shigo, baƙi da otal-otal da kuɗi suka shigo, sai ya gaza. Babbar kotun jihar da ke Nainital ta ce a soke shi a 2018, aka yi ta jan ƙafa. Sai da aka kashe wata budurwa mai aiki a wani masauƙin baƙi a gundumar Pauri a 2022, aka ga yadda ƙarar ta yi kwanaki a hannun malamin filaye, jama'a suka fusata, sannan gwamnati ta fara miƙa ƙauyuka ga 'yan sanda na sosai.

Hauwa: Allah ya kyauta. To mu koma kan rantsuwar Nura. Malam, alƙaluma sun goyi bayansa ko in ci tararsa?

Malam Isa: Sun goya. A ƙidayar 2011, a Indiya gaba ɗaya mata 943 ne ga kowane maza 1,000. A Bageshwar mata 1,090 ne. A Almora maƙwabciyarta 1,139.

Hauwa: Ikon Allah. A ƙasar da ake kukan ana zubar da cikin 'ya'ya mata? Ashe su waɗannan sun fi daraja mace.

Malam Isa: Haka duk wanda ya ga lambar zai fara zato. Sai ki duba yara 'yan ƙasa da shekara bakwai. A nan 'yan mata wajen 900 ne ga yara maza 1,000. Wato a haihuwa maza ne suka fi yawa, kamar sauran wurare. Matan ba ƙaruwa suka yi ba, mazan ne ba sa nan ranar da mai ƙidaya ya zo.

Nura: Suna soja, suna Delhi, suna Mumbai, suna masana'antun Rudrapur da Haldwani a ƙasa. Aikin soja kam gado ne. Rundunar Kumaon hedikwatarta na Ranikhet, nan kusa a gundumar Almora, kuma da wuya ka shiga gida ba ka ga hoton wani da kaki a bango ba. Da asuba za ka ga samari na gudu a gefen hanya suna shirin ɗaukar soja. Mahaifin abokina tsohon soja ne, fanshonsa ke riƙe da gidan. A da ma tattalin arzikin yankin gaba ɗaya sunan kuɗin gidan waya aka sa masa, don ɗan aiken gidan waya ne ke hawowa da albashin 'ya'ya. Yanzu ta wayar hannu ake turowa.

Hauwa: Cin rani kenan.

Malam Isa: Da farko cin rani ne, amma ɗan cin rani damina ke mayar da shi gida. Nasu ya wuce nan. Mutum zai tafi shi kaɗai, ya samu wuri, ya ɗauke yara saboda makaranta, uwar yara ta bi su, tsofaffi su rage. Tsoho ya mutu, a sa kwaɗo. Tsakanin 2001 da 2011 Indiya ta ƙaru da kusan kashi 18 cikin 100, amma Almora da Pauri raguwa suka yi. Ƙidayar 2011 ta sami ƙauyuka sama da 1,000 a jihar da babu kowa. Gwamnati ta kafa hukuma ta musamman kan ƙaura a 2017, ita kuma ta ƙirga wasu 734 da suka zama kufai bayan waccan ƙidayar. Su ƙauyukan fatalwa suke ce musu.

Nura: Na ratsa ta ɗaya. Gidajen dutse masu hawa biyu, ƙofofi da sassaƙa mai kyau, rufin falalen dutse, ga lemo ya nuna a bishiya yana zuba ba mai tsinka. Ba yaƙi, ba annoba. Na fi jin tsoron wurin fiye da maƙabarta.

Hauwa: Amma me ya kore su? Ga ruwa, ga ƙasa, ga sanyi. Mu da muke roƙon ruwa.

Nura: Gonar ce ba ta ciyarwa. Gonakinsu kamar matakala suke a jikin dutse, irin na tsaunukan Gwoza, wata faɗinta bai wuce tabarma uku ba. Tarakta ba ta hawa. Gado ya yayyanka su, mutum na da ɓaɓɓake goma a wuri goma. A kwarin Garur, inda ake ban ruwa, shinkafa da alkama na yi sosai. A sama kuwa sai abin da ruwan sama ya ba ka. Kin san me suke ci? Tamba.

Hauwa: Tamba dai tamu?

Nura: Ita. Suna ce mata “madua”, suna yin baƙar gurasa da ita, a shafa man shanu. Da baƙin waken suya da suke miya da shi. Ni da ban ci nama ba duk zamana, don Musulmi a gundumar ba su kai kashi 1 cikin 100 ba, balle in sami yankan da zan ci, wannan wake shi ya riƙe ni. To ɗan abin da aka shuka ɗin ma, birai su ci da rana, aladun daji su tone da dare. Kuma abin na ciyar da kansa: duk gonar da aka bari ta zama daji, dabbobi su matso, wanda ya rage ya rasa abokin gadi, shi ma ya haƙura. Damisa har tsakar gida take ɗaukar kare, wani lokacin yaro. Magariba na yi ake kulle yara.

Malam Isa: Sai asibiti. Mace na naƙuda, a ɗaure kujera a jikin sanduna, maza huɗu su ɗauke ta zuwa bakin hanya. To idan mazan huɗun babu fa? Ka isa asibitin gunduma kuma a ce babu likitan da zai duba wannan, a wuce Haldwani, awa shida. Makaranta ma haka. Jihar ta rufe ɗaruruwan makarantun firamare saboda ɗalibai ba su kai goma ba. A lissafin ofis daidai ne, wa zai biya malami biyu don yara shida? Amma uwar yaran shida ba za ta bar ɗan shekara bakwai ya ratsa dajin damisa zuwa makarantar gaba ba. Sai ta kwashe su ta sauka gari.

Nura: Suna da karin magana a kan haka, kowa ya san ta: ruwan dutse da samarin dutse ba sa amfanar dutse. Duka biyun gangarawa suke yi.

Hauwa: Kai, wannan magana ta yi nauyi. Amma Malam, ba don wannan aka ba su jiha ba? Na ɗauka an cire su daga Uttar Pradesh ne don mutanen dutse su mulki kansu.

Malam Isa: Nan ne inda nake son mu zo. Don haka aka yi gwagwarmayar, har aka zubar da jini a 1994, a Khatima da Mussoorie da Rampur Tiraha. Kukansu shi ne Lucknow, babban birnin Uttar Pradesh, ta yi nisa, mutumin fili bai san dutse ba. Aka ba su jiha, sai aka ajiye babban birni a Dehradun, a fili. Garin Gairsain da masu gwagwarmaya suka so, a tsakiyar duwatsu, sai a 2020 aka ce ya zama babban birnin bazara, majalisa ta je ta yi 'yan kwanaki ta gudo. Wannan ma ƙarami ne. Majalisar dokokin jihar kujeru 70 ne, kuma da yawan kai ake raba su. Da aka sake shata mazaɓu, gundumomin dutse tara suka sauka daga kujeru 40 zuwa 34, shidan suka koma fili. Bageshwar na da uku a zaɓen 2002 da 2007: Bageshwar, Kapkot da Kanda. Daga zaɓen 2012 Kanda ta ɓace, saura biyu.

Hauwa: Wato ɗanka ya tafi Haldwani neman abinci, a ƙirga shi a Haldwani, kujerarka ta bi shi.

Malam Isa: Kin gama. Rashin asibiti ya kori mutane, tafiyar mutane ta rage wakilai, ƙarancin wakilai ya sa ba mai matsa wa a kawo asibiti. Kuma ba a yi ƙidayar 2021 ba saboda korona, don haka duk lambobin da na karanto muku tsofaffi ne. Ranar da sababbi suka fito aka sake shata mazaɓu da su, ni dai ban ga ta inda dutse zai tsira ba.

Nura: Amma Malam, bari in ja da kai kaɗan. Mutum ɗaya ƙuri'a ɗaya ai shi ne adalci. Idan jama'a na Haldwani, me zai sa ƙuri'ar ɗan Kapkot ta fi tasu nauyi?

Malam Isa: Hujjarka na da ƙarfi, ban raina ta ba. Amma ɗan majalisar Haldwani zai zaga mazaɓarsa kafin azahar. Na Kapkot, mazaɓarsa ta kai har bakin ƙanƙara, akwai ƙauyen da sai ya yi yini a ƙafa. Kilomita ɗaya na hanya a can ya ci kuɗin da yawa a fili, kuma damina ɗaya ta share shi. A watan Agustan 2010 ƙasa ta zaftaro kan wata makaranta a Sumgarh, yankin Kapkot, yara 18 suka mutu. Wurin da ke da irin wannan haɗari, ka ce za ka auna buƙatarsa da yawan kai kawai? Ni ina ganin ko dai a sa faɗin ƙasa da wahalarta a cikin lissafi, ko a daina cewa an yi jihar don mutanen dutse.

Hauwa: Ni ina tsakiya, amma na fi karkata wajen Malam. Ba wani arziki a ƙasar da zai riƙe mutane?

Nura: Akwai, shi ma da nasa ciwon. Wani farin dutse ne mai laushi, suna ce masa “khadiya”, da shi ake hoda da fenti da takarda. Yankin Kanda cike yake da ramukansa. Mai gona ya ba da hayar gonarsa, a kawo motar haƙa, ya sami kuɗin da tamba ba za ta ba shi ba a shekara ashirin. Sai gidajen da ke sama suka fara tsagewa, maɓuɓɓugai suka ƙafe. A Janairun 2025 babbar kotu ta dakatar da haƙar a gundumar baki ɗaya. Kuma yawancin masu aikin ramin ma 'yan Nepal ne da mutanen fili.

Malam Isa: Abin da na ga ya yi musu aiki shi ne majalisar daji. Wancan bore na 1921 bai tsaya kan dako ba, har dazuzzukan da Turawa suka killace aka cinna wa wuta. Sai hukuma ta sassauta, a 1931 aka yi dokar da ta ba ƙauye damar riƙe dajinsa: su zaɓi kwamiti, su sa mai gadi, su tsara ranar yankan ciyawa da yawan itacen da gida zai ɗiba, su ci tarar wanda ya saɓa. Akwai irinsu wajen 12,000 a jihar. Sai dai ita ma tana buƙatar mutane. Dajin da babu mai share busasshen ganyensa, bazara na yi yake kamawa da wuta.

Hauwa: Lokaci na tafiya, kuma ba mu taɓa harshen ba. Kumaoni ko?

Nura: Kumaoni. Masu magana da shi wajen miliyan 2 ne a ƙidayar 2011, amma a takardar ƙidaya ƙarƙashin Hindi aka sa shi, kamar wani reshe. Ba ya cikin harsuna 22 da tsarin mulkin Indiya ya lissafa. Harshen hukuma a jihar Hindi ne, na biyu kuma Sanskrit, tsohon harshen littattafan addinin Hindu.

Hauwa: Sanskrit da ba mai cinikin tumatir da shi?

Nura: Shi fa. Kuma Kumaonin ma kowane kwari da irin nasa, na arewacin Bageshwar ana ce masa Danpuriya. Abokina yana ji, yana mayarwa da gyara. 'Ya'yan yayansa da aka haifa a Delhi kuwa, kakarsu na yi musu Kumaoni suna amsawa da Hindi. Abu ɗaya na ga sun iya tsaf, waƙar kiran hankaka.

Hauwa: Kiran me?

Nura: Hankaka. Lokacin Uttarayani ana soya wani abu kamar cincin da fulawa da mazarƙwaila, a zira a zare, a rataya wa yara a wuya. Da sassafe su hau rufi suna kiran hankaki su zo su ci, suna roƙonsu su kawo musu abin alheri. Ni ma tsohuwar ta rataya mini ɗaya, da gemuna da komai. Yara suka taru suna dariya.

Malam Isa: Hankakan ya zo?

Nura: Biri ne ya zo, Malam. Ya fizge abin daga wuyana, saura kaɗan ya tafi da tabarauna.

Hauwa: Akwai hoto?

Nura: Akwai, amma ba za ki gan shi ba.

Hauwa: Za mu gani. Masu sauraro, a nan za mu dakata. Malam Isa, mun gode. Nura, na janye tarar, amma ka kawo hoton mako mai zuwa. Sai mun sake haɗuwa, a huta lafiya.